Gawar Haradon Mai Jirgi

Baba ya cika rana ba ta gama fitowa ba, ana ɗan yayyafi. Ni kaɗai ce a ɗakin. Na shafe masa idanu, na ja mayafi na rufe shi, na fita bakin kogi ko kuka ban tsaya yi ba. Na tarar da wani masunci yana kwance jirginsa, na roƙe shi ya tsallaka Kumirdiya ya gaya wa yayana Gokul cewa mahaifinmu, Haradon mai jirgi, ya rasu. Sai da na ga jirgin ya sha kwana, sannan na aika gona a kira ƙanena.

Sunana Moina. Mu uku Baba ya haifa: Gokul, ni, sai autanmu Nitai. Kaka da kakanni mu mutanen Kumirdiya ne, masunta da matuƙa jirage. Shekarar da kogi ya cinye mana gona ya haɗa da rabin gida, a shekarar ne wani dattijo Musulmi, Pir Ruknuddin, ya gangaro daga arewa da izinin sarki na sare kurmin da ke wancan tsallaken. Ya ce duk wanda ya sari daji ya shuka shinkafa, inda gatarinsa ya kai nasa ne. Nitai na cikin na farkon da suka bi shi. Damina ba ta zagayo ba ya musulunta, Pir ya raɗa masa Niyamat. Gokul ya rantse ƙafarsa ba za ta taka wannan ƙasa ba. Baba ya daure iya daurewa, da yunwa ta yi yawa ya bi ƙaramin ɗansa. Ni kuma na bi Baba, domin tun da mijina ya mutu danginsa suke kallona kamar ɓeran da ya shiga musu rumbu.

A sabon garin ba wanda ya san inda Baba ya tsaya. In an kira salla sai ya je ya zauna a bakin masallacin ciyawar nan yana ɗinkin taru, amma ba ya shiga. In zai hau jirgi kuma sai ya jefa wa kogi fure kamar yadda ya saba tun yana yaro. Ni kuwa ina nan kan addinin iyayena, da ɗan gunkina na laka a kusurwar ɗaki, ba wanda ya taɓa ce mini in fitar da shi.

Ana gobe zai rasu, zazzaɓin ya ɗan sake shi da rana. Ya ce in kira masa Pir. Na ce Pir ya tafi kasuwar gishiri, sai yamma. Ya ce to Niyamat fa? Na ce yana can bakin daji suna ɗaga ganuwar gona kada ruwa ya shiga. Ya kalli rufin ɗaki, sannan ya kamo wuyan hannuna.

“To ke ki riƙe mini,” ya ce.

Sai ya faɗi kalmomin nan da nake ji ana faɗa a masallaci, harshensa na karyewa a kansu. Ya faɗa, ya sake faɗa. Ya ce a rufe shi a ƙasa, kan tudun da ke bayan masallaci, inda shi da kansa ya tumɓuke kututture. Kafin Pir ya dawo, bakin Baba ya riga ya rufe. Ban gaya wa kowa ba.

Niyamat ya shigo da laka har gwiwa, ya faɗa kan gawar yana kuka kamar yaro. Da ya gaji ya miƙe ya share fuska, ya shiga ba da umarni: a ɗora ruwa, a ɗauko fartanya, a je tudu a fara haƙa. Ana cikin haka Pir ya iso yana ɗingishi, don tun da bishiya ta faɗa masa a ƙafa bai ƙara tafiya daidai ba. Ya durƙusa ya ɗaga mayafin, ya daɗe yana kallon fuskar Baba.

“Niyamat, mahaifinka ya taɓa yin kalmar shahada a gabanka?”

“Huzur, ranka ya daɗe, mutumin da kullum yana bakin masallaci?”

“Akuyata ma kullum tana bakin masallaci. Cewa na yi ya taɓa faɗa ka ji?”

Niyamat ya kau da kai. Pir ya juyo gare ni.

“’Yata, ke kika yi jinya.”

Na sunkuyar da kai. Abin da ya fito daga bakina shi ne, “Na aika wa Dada.” Haka muke kiran Gokul tun muna yara.

Niyamat ya yi tsalle kamar ya taka wuta. “Didi! Yayata! Kin san abin da kika yi kuwa? Kin kira su su zo su ƙona mana uba?”

“Ubanka ne kai kaɗai?”

“Wallahi in suka taɓa shi…”

“Ya isa,” in ji Pir. “Ɗan fari ne. Ko ba komai ya ga fuskar ubansa. A dakata da wanka har ya iso.”

Aka dakata. Yayyafin ya ɗauke, rana ta fito da irin zafin nan mai danshi da ke manna zane a jiki. Na zauna kusa da gawar ina kore ƙuda da mafici. Ta ƙofa ina ganin maza na taruwa ɗaya bayan ɗaya, kowa da gatarinsa ko addarsa, wai daga gona suke. Ina jin ƙarar dutse a kan ƙarfe. Mata suka kwashe yara suka shige ɗakunan can baya.

Ni a lokacin abin da na yarda da shi shi ne, in ɗan fari bai sa wa ubansa wuta a baki da hannunsa ba, kurwar ba ta wucewa. Sai ta yi ta yawo a fadama tana kuka, ba ta cikin rayayyu ba ta cikin matattu. Da wannan aka raine ni. Ina kallon ƙafafun Baba da suka leƙo ƙarƙashin mayafi, duk faso, ina tunanin su cikin fadama har abada. Na ce a raina, ai ba wanda ya ji sai ni. In na kama bakina, Dada zai tafi da shi a yi masa yadda aka yi wa ubansa da kakansa. Amma wuyan hannuna, inda ya riƙe, kamar har yanzu yatsunsa na wurin.

Da ruwa ya cika, rana tsaka, muka ji ana busa katantanwa daga kogi. Na fito. Jirage ne suka cika mashigin, kowane ɗauke da maza tsirara daga ƙugu zuwa sama, da mashin kifi a jingine a gefe. Gokul na gaba, ya riga ya yi askin makoki. A tsakiyar jirginsa an jera itace busasshe, abin da ba a samu cikin damina. Da suka matso na gane ƙyauren ɗakinsa ne da sandunan rufi ya farfasa. A bayansa wan mahaifinmu ne zaune, Jetha Boirob, tsoho mai ƙaton ciki da muryar da ake ji daga tsallake.

Mutanen sabon garinmu suka jeru a kan gaɓa. Jetha ne ya fara magana, bai ko sauko ba.

“Ina yaron nan mai sunan aro? Nitai! Ko kuwa me ma suke kiranka yanzu? Fito mana da ɗan’uwana.”

“Sunana Niyamat, Jetha. Ku sauko ku yi gaisuwa ku koma.”

“Ji shi! Gaisuwa wai. Kai da nake wanke wa gindi a kogin nan? Kun koyi dungure kamar agwagi a ruwa, shi ke nan kun fi iyayenku?”

Mutanen jirage suka kwashe da dariya. Wani daga cikin namu ya ce, “Gara dungure da durƙusa wa laka, tsoho!” Dariyar ta yanke. Na ga hannaye sun nufi inda makamai suke.

Gokul ya diro cikin ruwa, ya tako har gaɓa. Ƙasar da ya rantse ba zai taka ba, ga shi a kanta. Bai kalli Niyamat ba, Pir ya nufa.

“Tsoho, ba ni da rigima da kai. Ka ba mutane ƙasa, ka ba su shinkafa, ka ɗauke mini ƙane. Na bar maka. Ubana nake so.”

“Ina yi maka ta’aziyya, ɗana,” in ji Pir. Yarenmu a bakinsa har yanzu da sauran nauyin arewa. “In mahaifinka ya mutu a kan addininku, naka ne, ni da kaina zan kama maka a sa shi a jirgi. In ya mutu a kan namu, ba zan ba da shi ga wuta da hannuna ba. Ni ban sani ba. Ƙanenka ma bai sani ba, ko da yake yana ihu kamar ya sani. Mutum ɗaya ce ta zauna da shi.”

Duk idanu suka dawo kaina.

Jetha ya saki murmushi. “To madalla. Moina tamu ce, ba ta ci naman shanunsu ba. Faɗa musu, ’yata. Faɗa musu Haradon bai taɓa barin hanyar ubansa ba, mu kama hanya tun ruwa bai janye ba.”

Gokul ya dube ni. Idanunsa sun yi ja, amma a cikinsu babu ko ɗigon shakka. Ya tabbata ni tasa ce.

“Jiya da rana,” na ce, “ya ce in kira masa Pir.”

Na ba da labarin yadda ya faru, ban ƙara ba ban rage ba. Da na zo kan kalmomin, na faɗe su yadda Baba ya faɗa, da karyewar harshensa da komai. Wani daga cikin mutanenmu ya yi kabbara da ƙarfi, saura suka amsa.

“Kun ji ko!” Jetha ya daka tsawa. “Ita ma ta faɗa! Sun riga sun cinye ta!”

“Ba nata ta faɗa ba,” in ji Pir. “Saƙo aka ba ta, ta isar.”

“Ƙarya take! Sun yi mata alkawarin miji ne. Bazawara, an nuna mata namiji…”

“Jetha, yi shiru,” in ji Gokul. Ya kama hannuna ya ja ni har bakin ruwa, ya ɗebo ruwan kogi ya zuba a tafina. “Rantse da Uwa Ganga, kogin nan da muke bauta wa. In ƙarya kike, kin san abin da zai same ki.”

Ruwan na zuba ta tsakanin yatsuna. Na rantse da abin da nake bauta wa cewa ubana ya bar shi. Na kurɓi ragowar.

Gokul ya saki hannuna a hankali. Na zaci magana ta ƙare. Amma Jetha ya sauko daga jirgi yana haki, ya tsaya a kunnen Gokul.

“Zafin zazzaɓi ne. Mai zazzaɓi har uwarsa da ta mutu yake gani. Za ka bar ubanka tsutsa ta ci shi a rami saboda sambatun ciwo? Ka bar shi yana yawo a fadama? Duk daren da ka ji kuka a bayan ɗakinka, ka san wane ne.”

Na ga maganar ta shige shi kamar ƙaya. Ya juya ya nufi ɗakinmu. Niyamat ya tare gabansa.

“Dada, ka ji da kunnenka.”

“Matsa.”

“Ba zan matsa ba.”

Ban ga wanda ya kai dukan ba. Wani ne daga mutanen Kumirdiya ya ɗaga filafilin jirgi ya sauke a kan Niyamat. Na ji ƙarar kamar an fasa kwakwa. Ya faɗi, jini ya rufe masa fuska. Wuri ya rikice. Gatura suka tashi sama, mutanen jirage suka diro ruwa da masunsu.

Ban taɓa jin Pir ya ɗaga murya ba sai ranar. “Ku ajiye! Duk wanda ya sari mutum yau, ba ni ba shi, duniya da lahira! Ku ajiye na ce!”

Ya shiga tsakani da ɗingishinsa, yana fizge gatari daga hannun wannan yana ture ƙirjin wancan. Mutanensa suka ja baya suna huci. Sai ya je ya zauna a ƙofar ɗakinmu, ya miƙe gurguwar ƙafarsa ya tare hanya.

“Ba zan ba ka shi ba,” ya ce wa Gokul. “Ba kuma zan sa a zubar da jini a kansa ba. In za ka ɗauka, ka tsallake ni.”

Gokul bai tsallake shi ba. Sunkuyawa ya yi ya ɗauke shi cak kamar damin ciyawa, ya ajiye shi a gefe. Ya shiga, ya fito da Baba naɗe cikin tabarma a kafaɗarsa. Mutanenmu suka yi ca.

“Huzur! Muna kallo?”

“Kuna kallo,” in ji Pir daga inda yake zaune a ƙasa, hawaye na bin gemunsa. “Wanda ya karɓi maganarsa jiya, wuta ba za ta ƙwace masa shi ba. Ku je ku duba kan yaron can.”

Aka shimfiɗa Baba a kan itacen. Jirage suka fara juyawa. Ban san lokacin da na faɗa ruwa ba, sai ji na yi ya kawo mini ƙirji, na kama gefen jirgin Gokul.

“Saki!” in ji Jetha, ya ɗaga filafili. “Koma wurin masu cin saniya.”

“Ubana ne. Inda ya je zan je.”

Gokul ya miƙo hannu ya ja ni ciki.

Muka fita daga mashigi muka shiga babban kogi. Ruwa ya fara janyewa, yana ja da ƙarfi, launinsa kamar kunu. Sauran jiragen suka yi gaba, namu na baya saboda nauyin itace. Na zauna na riƙe ƙafafun Baba kada su riƙa bugun gefen jirgi. Jetha na ta surutu, yadda zai tara dattawa, yadda za a goge sunan Nitai daga dangi. Gokul na tuƙi kawai, jijiyoyin wuyansa a tashe.

Mun kai tsakiya sannan Gokul ya yi magana, bai juyo ba.

“Yana cikin hankalinsa?”

“Ya tambaye ni ko na ba agwagi abinci. Ya ce tarun da ke rataye na Modon masunci ne, a mayar masa.”

Ya ja filafili ya sake ja.

“Ya ambace ni?”

“Kada ka saurare ta,” in ji Jetha.

“Ya ambace ka,” na ce. “Ban faɗa a gaban mutane ba don ba nasu ba ne. Ya ce, Gokul zai ji zafi. Ki ce masa ba shi na bari ba. Ki ce masa na ji tsoron gaya masa ne ina da rai, don na san zai yi kuka, ni kuma ban iya ganin kukansa ba tun yana ƙarami.”

Filafilin ya tsaya. Jirgin ya fara juyawa da kansa, ruwa na jan mu ƙasa.

“Tuƙa mana!” Jetha ya ce. “Za ka kifar da mu!”

Gokul ya ajiye filafili a cinyarsa. Ya buɗe bakin tabarmar ya kalli fuskar Baba. Kafaɗunsa suka shiga girgiza, amma ba sauti.

“Jetha,” ya ce can, “in damisa ta ɗauki mutum ba a ga gawarsa ba, yaya ake yi?”

“Wace irin tambaya ce wannan?”

“A ɗaure mutum na ciyawa, a sa masa tufafinsa, ɗansa ya sa masa wuta. Haka muka yi wa mijin Inna Durga. Kai ka ɗaure ciyawar ma. Ka ce ta wadatar.”

“Wannan don ba gawa ne! Ga gawa a gabanka, mahaukaci!”

“Ga gawa, amma ya ce kada in ƙona ta. Ban taɓa saɓa masa ba yana da rai.”

Jetha ya taso ya zabga masa mari har jirgi ya karkata, ruwa ya shigo. Gokul bai ko ɗaga hannu ba. Tsohon ya ƙwala wa jirgin da ke kusa kira, suka dawo suka matso, ya tsallaka da ƙyar ana riƙe shi.

“In ka mayar da shi, kada ka ƙara zama a tabarmata,” ya ce. “Ba mai cin abincin gidanka. ’Ya’yanka mata su tsufa a ɗaki. Na faɗa maka a gaban mutane.”

Gokul ya juya kan jirgi.

Yanzu muna tafiya gaba da ruwa, shi kaɗai ke tuƙi. Na ɗauki ƙoƙo ina kwarfe ruwan da ya shigo. Muna dab da bakin mashigi sai ga jirage sun ɓullo daga cikin kurmi a guje. Samarin garinmu ne, sun kasa jin maganar Pir. A gaban na farko Niyamat ne tsaye, kansa ɗaure da tsumma ja jawur, da mashi a hannu. Ba su san dawowa muke ba. Abin da suka gani shi ne Gokul shi kaɗai, an bar shi a baya.

“Ga shi nan! Ku kewaye shi!”

Mashi ɗaya ya taso ya caki itacen da Baba ke kai, tazarar tafin hannu daga kansa. Gokul bai kauce ba, bai daina tuƙi ba. Na miƙe tsaye cikin jirgin da ke tangaɗi, na buɗe hannuwa na tare shi da jikina.

“Nitai! Nitai, don ubanka! Dubi inda kan jirgin yake kallo!”

Hannunsa na sama da mashin. Jinin da ya bushe ya manne masa ido ɗaya. Ya dube ni, ya dubi kan jirgin, ya dubi jiragen Kumirdiya da suka yi nisa. Wani a bayansa yana cewa jefa mana, jefa mana. Jiragen suka haɗu har gefe ya bugi gefe.

“Sauke wannan abin kafin ka tsokane wa wani ido,” in ji Gokul. “Tun kana yaro ba ka iya jifa ba. Zo ka kama filafili, hannuna ya mutu.”

Niyamat ya saki mashin ya faɗa ruwa. Ya tsallako jirginmu, ya zauna a gefen yayansa. Su biyu suka tuƙa Baba zuwa gida.

A gaɓa Pir na tsaye yana dogara da gora. Aka sauke gawar. Gokul bai sauko ba.

“Sauko ka raka shi, ɗana,” in ji Pir. “Ba wanda zai hana ka.”

“Na kawo shi. Iyakar abin da zan iya ke nan.” Ya juyo gare ni. “Moina, ɗauko mini zanensa na kullum, da filafilinsa.”

Na ɗauko na ba shi. Ya ɗora su a kan itacen ɗakinsa da ya farfasa, ya tura jirgi da gora ya tafi.

Aka yi wa Baba wanka aka sa shi a likkafani. Kabarin da aka haƙa da safe ya tara ruwa, sai da aka kwarfe aka shimfiɗa gora da ganyen ayaba a ƙasa. Maza suka jeru bayan Pir, Niyamat na layin gaba yana layi saboda jinin da ya zubar. Ni na tsaya nesa, gindin bishiyar kwakwa, ban san abin da zan faɗa ba, ban kuma san wanda zan faɗa wa ba. Suna cikin mayar da ƙasa na hango hayaƙi siriri ya tashi daga wancan tsallaken. A nan ne kukan da ban yi ba tun safe ya zo.

Jetha ya cika alkawarinsa. Shekaru ba mai shiga gidan Gokul a Kumirdiya, babbar ’yarsa sai can wani gari mai nisa aka samu wanda ya aure ta. Niyamat ya sha aika masa cewa ya tsallako, ga ƙasa nan ba iyaka. Ya ƙi. Ya ce shi a kan hanyar kakanninsa zai mutu, haka kuma aka yi. Ni na musulunta bayan rasuwar Pir, ba wanda ya matsa mini, kuma in aka tambaye ni ranar da abin ya fara shiga raina ba zan iya nunawa ba.

Da Gokul ya rasu na tsallaka. Ba su bar ni na shiga gidan ba, sai na zauna cikin jirgi ina kallo ɗansa na fari ya sa masa wuta. Daminar da ta biyo baya kogi ya cinye abin da ya rage na Kumirdiya. Matar Gokul ta zo da ’ya’yanta da tukwanenta da saniya ɗaya a jirgi, Niyamat ya sauke su a gidansa, ya ba samarin cikinsu gatura su sari nasu dajin.